Wasan Ƙwallon da Ya Cinye Muryar Mama

Mai gyara a Sabon Gari ya miƙo min kwamfutata ya ce, "Sai haƙuri, bairos ya cinye komai."

Yayana Bulus ne ya ari kwamfutar, ya sauke tsohon wasan ƙwallo daga shafin 'yan satar fasaha, irin wanda ake matsewa don kada ya ci data. A cikin kwamfutar bidiyon marigayiya Mama yake, tana waƙa a coci. Shi kaɗai gare mu.

Da na koma Samaru na faɗa masa, sai ya ce, "Haba Ladi, kowa na saukewa, kyauta ne fa."

Na ce, "Kyauta? Da muryar Mama ka biya, Yaya."

Har yau bai ba ni haƙuri ba. In ku ne, za ku iya yafe masa?