Hanyar Inna daga Ƙofar Gida zuwa Sawakin

Yayana ya sa wa mahaifiyarmu kwaɗo a ƙofa, kuma har ya koma ga Allah ban ce masa ya kyauta ba. Na yafe masa, amma ban janye maganata ba. Sai da furfura ta fito mini na koyi riƙe alƙalami, to yanzu zan rubuta yadda aka yi.

A unguwar Ruwais ta Jidda muke, cikin wani lungu mai gangarawa zuwa bakin teku. Ni da Yaya a Jidda aka haife mu, amma Inna da Baba da ƙafa suka taho daga ƙasar Kano. Shekaru suka yi a hanya, su yi ƙwadago nan, su yi wankau can, su ƙara gaba. Bayan rasuwar Baba tsufa ya kwance wa Inna lissafi, sai hanyar nan ta dawo ta shimfiɗu a lungunmu.

Kullum da hantsi takan ɗaure ɗan ƙunshinta ta fita. Famfon unguwa, inda masu jakuna ke ɗibar ruwa, shi ne rijiyar Abashe. Tanderun mai burodin tamis shi ne kasuwar Ubayyid. In ta kai bakin teku ta isa Sawakin, sai ta zauna a kan dutse tana jiran jirgin da zai haye da ita. Garuruwan kuma ba sa zama wuri guda. Wata ranar Abashe na bayan Ubayyid, wata ranar famfon ya koma rafin ƙauyensu, ita kuma yarinya ce an aike ta. Ni kaina nakan tashi 'yarta in wuni ƙanwarta.

Ina suyar ƙosai a ƙofar gida, da ido nake raka ta. Unguwa ta saba. Wata maƙwabciyarmu, Bahaushiyar Sudan mai ban dariya, takan leƙo ta taga ta ce, "Maraba da mutanen Kano! Kun baro su lafiya?"

Inna ta ce, "Lafiya lau. Ke har yanzu kina nan? Shekara nawa ba ki gusa ba? Da wannan nauyin jikin za ki ga Makka?"

"Sai an samo raƙumi biyu, Hajiya, ɗaya ba zai iya ba."

Mai tamis yakan miƙa mata ɓari mai zafi, ta karɓa ta ce na jiya ya fi. Da azahar ta dawo da yunwa, ta cinye kwanonta tas, ta ba ni labarin ƙasar da ta ratsa. Ban taɓa zuwa waɗannan garuruwa ba, amma na san inda ruwansu yake da gishiri. Ban yi zama mai daɗi da Inna kamar na shekarun nan ba.

Sai ranar da askari, ɗan sandan garin, ya tsare ta a bakin sabuwar kwalta ya tambaye ta daga ina. Ta ce masa jiya ta sauka daga jirgin Sawakin, ba ta da takarda. Matar da ta yi shekara arba'in a garin! Maƙwabciyarmu ce ta riƙe shi da surutu har aka kira Yaya daga tashar jiragen ruwa, ya zo da gumi da iƙamarta, takardar izinin zama, a hannu.

Ran nan ya sayo kwaɗo.

"Khalas, ya ukhti, an gama fita," in ji shi. "Yau Allah ya rufa asiri. Gobe su jefa ta a jirgi su mayar da ita ƙasar Kano, mu neme ta ina? Wa ta sani a can?"

Tsoronsa gaskiya ne, shi ya sa na yi shiru. Shirun nan shi ne nawa laifin.

Abin da ba mu lissafa ba, ɗakin ma gari ne. Da ƙofa ta rufu sai ya zama karantina ta Sawakin, inda ake killace alhazai, inda zazzaɓi ya ɗauke 'yarta ta fari tun kafin a haife mu. Kwana uku ba ta taɓa abinci ba. In Yaya ya zo ya buɗe na shiga da kwano sai ta durƙusa mini, uwata da ta haife ni, ta ce, "Baiwar Allah, ki nuna mini inda kuka kai yarinyar."

A rana ta uku bayan magariba na tare Yaya a zaure.

"Ba ni makulli."

"La, ban bayarwa. In ta fita wa zai bi ta? Ke da kaskonki?"

"Ni da ƙafata."

"Wallah ke ba ki jin magana. Tun kina ƙarama."

"Kai kuma ka rufe ta a ranar da ta fi kowace rana muni a rayuwarta, kana ba ta ita safe da yamma."

Ya tafi gidansa da makullin a aljihu, amma iƙamar ya bar ta a kan taga. Na daɗe ina tunanin ko mantuwa ce.

Da gari ya waye ban hura wutar ƙosai ba. Na ɗinke iƙamar cikin wata 'yar jaka na rataya a wuyana, na ɗauko taɓarya. Dukan farko kwaɗon ya yi gardama, na biyu ya faɗi. Inna na zaune a ƙurya. Na ɗaure nawa ƙunshin, na ɗora a ka, na zama ƙanwarta na ce mata, "Tashi, Yaya, an sallame mu. Ayari ya yi gaba."

Ta dube ni, ta laluba takalminta. "Kin cika gora? Abashe da nisa."

Na ce na cika, muka fita.