Romon Miyok na Ranar Wasa

Duk wanda ya taɓa shan romon ƙashin sa a shagon Pyo Dal-su da ke bayan kasuwar kifi ta Gunsan ya san abu biyu game da shi. Sai ya sunkuya kafin ya shiga ƙofar shagonsa, kuma bai yarda da kowa ba. In mai kawo nama ya yi masa murmushi, sai ya sake juya naman yana shinshinawa. In ka ce masa romon yau ya yi daɗi, sai ya tsare ka da ido ya tambaye ka me ya samu na jiya. Matarsa, Gil Sun-ja, takan ce ko inuwarsa ce ta biyo shi sai ya waiga ya ga me take nema.

Ba haka aka haife shi ba. Ɗan masunci ne, yaro mai fara'a da ba shi da wani laifi sai tsawo. Yana aji biyar malamin wasanni ya hango kansa ya zarce na kowa a layi, ya bi shi har gida ya roƙi uban ya ba shi yaron. Uban bai ja zance ba, ya ce dama a cikin jirgi ba ya tsinana komai sai karkata shi gefe guda. Daga nan Dal-su ya shiga ƙwallon kwando, ya koma kwana a ɗakin 'yan wasa. Kafin ya iya jefa ƙwallo sai da ya iya wanke safar manya da shan mari ba tare da ya ɗaga ido ba, domin a can wanda ya riga ka shiga, ko da shekara ɗaya ce, yayanka ne har kabari.

Da ya gama jami'a sai ƙungiyar wani kamfanin siminti ta ɗauke shi. Lokacin ƙwallon kwando na tashe, 'yan mata 'yan makaranta na kwana a layin tikiti. Amma a faɗi gaskiya, ba don Dal-su suke kwana ba. Shi aikinsa a ƙarƙashin raga yake: ya tare, ya ture, ya cafke ƙwallon da wani ya ɓarar, ya miƙa wa kyawawan su ci a tafa musu. An karya masa hanci har ya daina kula da inda ya karkata. Ya yi aikin soja a ƙungiyar sojoji, ya dawo ya tarar wasan ya zama sana'a sosai, har da baƙin 'yan wasa daga ƙetare da suka fi shi tsawo. Duk da haka ba wanda ya iya ture shi daga wurinsa. 'Yan jarida suka sa masa Katangar Gunsan, shi kuwa sunan ya shiga kansa ƙwarai.

A shekararsa ta ƙarshe aka haɗa shi ɗaki da sabon yaro, Eom Gi-tae. A masaukin 'yan wasa kullum haka ake yi, babba da ƙarami, ƙaramin ya yi wanki, ya goge takalma, ya kashe fitila. Gi-tae bai taɓa yin ƙorafi ba. Abin da ya dami Dal-su shi ne yaron ma a ƙarƙashin raga yake bugawa, wurin Dal-su, kuma ƙafafunsa sababbi ne.

Ranar wasan da zai raba gardama, wanda ya ci ya ɗauki kofi, Dal-su ya tashi da kumburin idon sawu, ya tsoma ƙafar a bokitin ƙanƙara ya aiki yaron ya kawo masa karin kumallo ɗaki. Gi-tae ya kawo tire ya ajiye. Dal-su kuwa idonsa na kan talabijin, ana maimaita wata tarewa da ya yi shekaranjiya, yana kurɓa yana yaba kansa. Sai da ya sha rabin kwanon ya ji yauƙi a harshensa. Romon miyok ne, ganyen tekun nan da ya fi kuɓewa santsi. Ko yaron da zai rubuta jarrabawa uwarsa ba ta barin ya ga kwanonsa, balle ɗan wasa ranar kofi, don kowa ya san mai shan sa zamewa yake yi.

A zagaye na uku Dal-su ya yi tsalle, ya sauko, ƙafarsa ta zame a kan katako, gwiwar ta tafi wani wajen. Aka fitar da shi a kan gadon ɗaukar majinyata, aka sa Gi-tae a madadinsa. Yaron ya yi wasan da har yau tsofaffi ke labarinsa, suka ɗauki kofi, aka yi ta cilla shi sama. Dal-su bai sake sa rigar wasa ba.

An ce sabon kuku ne a masaukin, ya dafa wa wani baƙo mai bikin ranar haihuwa, don romon miyok ake sha a irin wannan rana, kwanuka suka cakuɗe. Dal-su ya saurara, ya ce to. Amma shekara ashirin da ɗoriya yana juya tambaya ɗaya: yaron da aka haifa a ƙasar nan, uwa ta rene shi, zai ɗauko kwano daga kicin har hawa na huɗu bai ga abin da ke ciki ba? Bai taɓa tambayarsa ba, don babba ba ya zubar da girmansa haka. Sai ya huce a kan sauran mutanen duniya.

Ran nan da la'asar, ana yayyafi, shagon babu kowa, Sun-ja ta aje waya ta ce, "Baban Mi-ran, ƙaninka na hanya."

"Wane ƙanin? Ni ƙanne mata gare ni."

"Gi-tae mana. Gobe ƙungiyarsa ke wasa a garin nan. Ya ce ba zai shigo garin yayansa bai zo gaisuwa ba."

Dal-su ya san da wasan, kamar yadda ya san duk abin da ya shafi Gi-tae, ko da yake in ka tambaye shi cewa zai yi bai karanta shafin wasanni. Gi-tae koci ne yanzu, ƙungiyarsa na ƙasan tebur, kuma jaridu sun gama faɗa cewa in ya faɗi gobe an sallame shi.

"Shekara nawa bai tuna da gaisuwa ba sai yau?" in ji Dal-su. "Me yake nema?"

"Ƙila gwiwarka ɗaya da ta rage ya zo ɗauka," in ji ta. "Kai dai ka canza rigar nan."

Bai canza riga ba. Ya shiga kicin, ya buɗe kabad ɗin sama da shi kaɗai hannunsa ke kaiwa, ya sauko da ƙullin busasshen miyok da 'yarsu Mi-ran ta bari tun lokacin da ta yi jego, ya zuba a ruwa. Sun-ja ta tsaya a ƙofa tana kallon ganyen yana kumbura.

"Haba, Baban Mi-ran. Da girmanka?"

"Romo ne kawai. Ba ke kike cewa camfi ne ba?"

"Ni na ce camfi ne. Kai ba ka taɓa cewa ba."

Ya juya ga murhu. Ya soya nama da man riɗi, ya zuba ganyen, ya tsaya a kan tukunyar har ta yi yadda ake so. Mugunta dai mugunta ce, amma bai iya dafa abu marar daɗi ba.

Gi-tae ya shigo da kwandon tuffa, shi ma ya sunkuya a ƙofa. Ya yi furfura, ya rame a wuya. Ya aje kwandon, ya rusuna sosai.

"Yaya, na same ku lafiya? Matar Yaya, sannu da aiki. Kin ƙi tsufa."

"Kai kuma ka tsufa har ka wuce yayanka," in ji Sun-ja.

Dal-su na nazarinsa. Rusunawar ta yi yawa, wannan alamar mai laifi ce. Da ta yi kaɗan kuma da ya ce raini ne. Tuffar manya-manya ne masu tsada, to me ake son saya da su? Gi-tae ya tambayi gwiwa, Dal-su ya ce tana nan inda aka bar ta. Suka taɓa hirar waɗanda suka mutu da waɗanda suka koma sayar da kaji. Sannan Dal-su ya miƙe, ya ɗingisa zuwa kicin, ya dawo da tire da kansa, ya dire a gabansa.

Gi-tae ya dubi kwanon. Dal-su kuwa fuskarsa yake duba, yana jiran ya ga ta inda ƙarya za ta ɓullo. In ya yi dariya ya ce camfi ne, to ya raina abin da ya ci masa rayuwa. In ya nemi uzuri ya ture, to ya san darajar abin tun can. Ko ta ina ya bi, Dal-su ya riga ya tare.

Gi-tae ya jawo kwanon gabansa. Sannan ya ɗauki cokali, ya ce, "Zan ci da godiya, Yaya," ya fara sha. Bai yi sauri ba, bai tsame nama ya bar ganye ba. Ya juye shinkafar da ke kan tiren a ciki ya cinye, ya ɗaga kwanon da hannu biyu ya shanye ragowar. Sun-ja ta shige ciki don ba za ta iya kallo ba.

"Kai," in ji Dal-su, muryarsa ta fita ba yadda ya shirya ba. "Ranar kofin nan. Ka gani ko ba ka gani ba?"

"Na gani, Yaya."

Ruwan ya ƙaru a kan kwanon rufi.

"Ba ni na sa aka dafa ba, ban kuma zaɓa ba. An miƙo min tire na karɓa. A kan bene na lura. Na tsaya, na ce in koma. Sai na ce ai camfi ne, in na makara kuma zan sha faɗa. Haka na gaya wa kaina." Ya goge bakinsa. "Amma ina son wurinka, Yaya. Kamar in mutu nake son sa. Na sha tambayar kaina wanne ne ya hau da ni benen, har yau ban sani ba. Shi ya sa ban iya zuwa ba."

Dal-su ya yi shekaru yana shirya abin da zai faɗa in wannan rana ta zo, maganganu masu zafi, har da inda zai buga tebur. Ko ɗaya bai zo masa ba. Yaro ɗan ashirin da biyu ya tsaya a bene bai san zuciyarsa ba. Shi kuwa da furfurarsa ya jiƙa ganyen, ya soya nama, ya ɗanɗana gishiri, kuma ya san sarai abin da yake nufi. Kunya ta rufe shi, irin wadda bai ji ba ko ranar da aka fitar da shi a gaban jama'a.

"Su wa za ka fara da su gobe?" ya tambaya can.

Gi-tae ya lissafa. Dal-su ya ce dogon ɗan wasan nan na su Gi-tae ba ya iya tsayuwa a ƙarƙashin raga, ƙafafunsa a haɗe kamar mai jiran bas, a gaya masa ya buɗe su. Gi-tae ya ce zai gaya masa. Ya duba agogo, ya ce yara na jiransa a wajen atisaye, ya miƙe ya sake rusunawa.

Dal-su ba ya raka kowa, amma ya bi shi har ƙofa. Ruwa ya jiƙa matakalar shagon, ga ɓawon kifi da masu kasuwa suka taka suka kawo. Gi-tae ya buɗe lema ya ɗaga ƙafa zai sauka, sai ya ji an damƙe masa hannu, damƙar mutumin da ya yi rabin rayuwarsa yana cafke ƙwallo.

"A hankali, yaro," in ji Dal-su. "Wurin da santsi."

Bai sake shi ba sai da ya kai shi kan titi.