Si Lazhar da Takardar Gwajin Ruwa

Si Lazhar Gasmi ya yi shekara talatin da ɗaya yana buga hatimi a sashen karɓar wasiƙu na ofishin magajin garinmu, a kudancin Tunisiya, kafin ya yi ritaya. Ga taurin kai, ga son gyara wa mutane magana. Ni ke da gidan shayin da yake zama kullum, kofi ɗaya tun hantsi har azahar. Ba zan ce ina ƙaunarsa ba, amma ranar da bai zo ba sai in yi ta leƙen hanya.

Ruwan famfon unguwarmu ya fara wari, sai ga matarsa Mbarka ta kwanta da ciwon ƙoda, ita ce ta huɗu a layinmu. Kowa ya ga ranar da aka zo aka ɗebi ruwan za a kai gwaji, amma sakamako shiru. Mu muka tsaya zagin gwamnati a teburin karta. Shi kuwa ya je ya karanto dokar nan da ta ce ɗan ƙasa zai iya neman takarda a hukuma, a ba shi amsa cikin kwana ashirin.

"Kwana ashirin, Taufik! A rubuce yake."

"Si Lazhar, hana shan taba ma a rubuce yake," na ce, ina nuna masa bangona da hayaƙi ya baƙanta.

Ya rubuta buƙatarsa kwafi biyu, ya kai tsohon ofishinsa, ya tsaya a kan ma'aikatan har aka buga wa nasa hatimi da kwanan wata. A wurinsa takardar da ba hatimi ta naɗe burodi ce. Kwana ashirin suka zama wata goma sha huɗu. Ya kai ƙara Tunis, ya yi nasara, aka kira shi ya zo ofishin magajin gari ya karɓi sakamakon. Gwiwarsa na damunsa, don haka ni na kai shi a motata, na kuma raka shi har ciki.

Wanda ya tare mu Munsif ne, akawun da Si Lazhar ya koya wa aiki da hannunsa. Ya rungume shi, ya sumbace shi a kumatu.

"Baba Lazhar, kai da gidanka za ka bi layi? Haram! Ga saƙonka nan."

A baranda ya miƙa masa ambulan, ba a kan kanta ba, ba a kuma sa hannu a rajista ba. Ina tsaye ina kallo. Tsohon ya buɗe, ya karanta. Ruwan bai dace a sha ba, haka aka rubuta ɓaro-ɓaro. Ya yi ta share hawaye yana cewa, "Ka gani? Ka gani?" Mutumin da ya ƙare rayuwarsa yana duba gindin takarda, ranar nan bai duba ba.

Ya buga kwafi hamsin ya raba, ya manna ɗaya a bangona. Bayan mako ɗaya 'yan sanda suka tafi da shi. Ofishin ya ce takardar ba daga wurinsu ta fito ba: ba hatimi, ba lamba, ba sa hannu. Aka tuhume shi da ƙirƙirar takarda da yaɗa labarin ƙarya. Lauyarsa ta zo har wurina, ta ce dokar ta ba shi damar tambaya ne kawai, ba ta ce uffan a kan abin da zai same shi bayan an ba shi amsa ba. Shaida ɗaya take nema, wanda ya ga an miƙa ambulan.

"Si Taufik, kai kaɗai ne."

Na ce mata zan zo, kuma wallahi da gaske nake.

Saura kwana biyu a zauna kotu, wani jami'i ya shigo da igiyar awo. Ya auna kujeruna na bakin titi, ya karɓi lasisina ya juya shi gaba da baya, ya tambayi lafiyar 'ya'yana huɗu, kowa da sunansa. Ya shanye shayinsa ya ce, "Allah ya bar maka wurin nan, Alhaji." Ko murya bai ɗaga ba.

A kotu alƙali ya tambaye ni ko na ga lokacin da aka ba wanda ake tuhuma takardar. Na ce a mota na tsaya. Si Lazhar, da ba ya barin kuskure ko na wasali ya wuce, bai gyara mini ba. Ya dube ni kawai ya sunkuyar da kai. Na tsani kaina a wurin nan, na tsani alƙalin, na tsani tsohon ma da ya ja ni cikin wannan masifa.

Wata takwas aka yanke masa. Mbarka ta rasu a wata na biyar, aka nemi a bar shi ya zo jana'iza, aka ƙi. Ni na ɗauki makarar ta gaba har maƙabarta, danginta suna ta yi mini godiya, wai maƙwabci irina sai an tona.