Rigar da Sai-Gobe Ya Gama

Tun kafin bututun tashar lantarki ya tsage, ana kiran telan nan Sai-Gobe. Ka kai masa yadi da damina, ka karɓi riga da rani, kuma kai ne za ka ba shi haƙuri. Abu ɗaya yake tinƙaho da shi: ba ya auna mutum sau biyu. Tef ɗinsa ya zagaya ka sau ɗaya, shi ke nan, awonka ya zauna a kansa har abada.

Da bututun ya tsage, wani tururi ya fara fita wanda ido ba ya gani, bango ba ya tare shi. Masana suka ba shi suna mai tsawo, mutanen gari suka ce Huci. Duk inda Huci ya kwanta, lokaci sai ya yi nauyi. Ka shiga ka sha shayi, ka fito ka tarar an kwana biyu ana nemanka. Layin da ke bayan tashar ya fi ko'ina kamuwa: yini guda a can, a waje wata ya kusa ƙarewa. Masu shaguna suka kwashe kayansu suka gudu. Sai-Gobe kuwa a makon ya ɗora kekensa na ɗinki a amalanke ya koma can.

Ga matarsa ya ce shagon ya fi fili. Ga abokansa ya ce ai dole wani ya sadaukar da kansa kada layin ya mutu. Abin da bai faɗa wa kowa ba shi ne, a karon farko a rayuwarsa ya sami uzurin da ba ƙarya ba.

"Malam, ina wandona?"

"Haba, makon jiya fa ka kawo."

"Makon jiya? Matata ta haihu, yaron har ya fara zama!"

"To ni na tsaga bututun?"

Kuma bai rasa 'yan hira ba. Bencin shagon kullum a cike: mai jiran sakamakon jarrabawa, mai gudun surukarsa da ta zo hutu, da wani tsoho da ya rantse sai ya ga ƙarshen maƙwabcinsa.

Ana cikin haka 'yarsa tilo, wadda yake kira Mamana, ta isa shiga makaranta. Ta zaɓi yadi shuɗi mai ɗigon fari, ta ce tana son aljihu biyu. Ya durƙusa ya auna ta, tana dariya saboda tef ɗin yana yi mata cakulkuli a hammata.

"Yaushe, Baba?"

"Gobe, Mamana."

Matarsa ta kalle shi. "Wace goben? Tamu ko taka?"

Ya yanka yadin, ya rataye a ƙusa bayan keken. Akwai aikin da ya fi gaggawa, kullum akwai. Yakan tashi da yamma ya nufi gida, ya tarar an canza labule, an fenta ƙofa, an yi rashin lafiya har an warke. A tarbe shi kamar wanda ya dawo daga doguwar tafiya, a ba shi kujera mai kyau, a ɓoye masa ƙananan matsaloli. Bai taɓa kama rigimar gida tana da zafi ba, sai dai ya ji labarinta. Wannan ya yi masa daɗi fiye da yadda zai iya amsawa. Furfurar farko da ya gani a kan matarsa ma, ya jajanta mata da baki, sannan ya leƙa madubi ya shafa nasa baƙin gashin.

Mamana ta yi ta tambayar rigar, sannan ta koma tambaya da wasa, sannan ta daina. Ta shiga makaranta da rigar kanti, ta gama, ta koyi aikin jinya. Ranar da ta bar gida zuwa gidan aurenta, ya shiga shago da safe don ɗauko almakashi kawai, hira ta riƙe shi, ya fito ya tarar an kwashe kujeru. Ya tsine wa tashar lantarki sosai, kowa ya shaida.

Wata rana ƙusar ta cire, yadin shuɗi ya faɗo kan ƙafarsa. Ya ɗaga, ya kaɗe ƙura. A lissafinsa bai fi shekara da ɗan wani abu ba, wanda a wajen tela ba abin kunya ba ne. Awon yana nan a kansa daram. Ya zauna ya ɗinka ta a zama ɗaya, ya sa aljihu biyu, ya goge, ya naɗe a takarda. Bai taɓa yin aiki mai kyau irinsa ba.

Ya nufi gidan Mamana. Matar da ta buɗe masa ƙofa ta kusa sa'arsa. Hular aiki na kanta, jaka a kafaɗa.

"Baba. Lafiya?"

"Mamana, ga alkawari."

Ta warware takardar. Ta daɗe tana kallon ɗigon farin, ta zura yatsu biyu cikin aljihu ɗaya, iyakar abin da zai shiga ke nan. Ya jira ta yi kuka, ko ta yi faɗa. Ya shirya amsar kowanne. Sai kawai ta juya ta ƙwala kira. Wata yarinya ta fito da gudu, aka zura mata rigar. Kafaɗa ta zauna, tsayi ya tsaya daidai gwiwa.

"Kin gani?" Ya gyara tsayuwa. "Ni ba na auna mutum sau biyu."

"Haka ne, Baba. Jibi za ta fara makaranta. Wannan karon har ka yi sauri."

Yarinyar ta cusa hannaye cikin aljihun, ta ɗaga kai.

"Mama, wane ne?"

Uwar ta duba agogon hannunta. "Tela ne. Ce masa an gode, mun makara."

"An gode, tela."

Ya tsaya a bakin ƙofa har suka sha kwana. Kalmar nan "tela" ta yi masa wani zafi wanda bai saba da shi ba. Amma ya san maganinsa. Ya koma layin bayan tasha, ya ja kujera ya zauna gaban keke. Kafin ya fito, ai maganar ta tsufa.