Shaddar da na kai wa akawu

Shekarun baya, ba a daɗe da samun 'yancin kai ba, ina sayar da yadi a Kasuwar Litinin. Daga Kano na zo Maiduguri, na auri 'yar wani dattijo Babarbare a Gwange. Surukin nan nawa yana da fili a bayan unguwa, inda yake shuka gero da kuɓewa tun kafin a haifi matata. Da shi yake ci da gidansa.

Sai aka yi sabuwar dokar ƙasa. Magana ta cika kasuwa cewa duk filin da ba shi da takarda, hukuma za ta iya ba wani. Ban karanta dokar ba, a bakin masu shayi na ji, amma na hau na zauna kamar ni na rubuta ta.

Abin da ya dace shi ne in je in zauna da dattijon mu yi shawara. To, kunyar suruki ta hana. Tun da na auri 'yarsa ban taɓa haɗa ido da shi ba. In na hango shi nakan tuɓe takalmi, in durƙusa, in gaishe shi ina kallon ƙasa. Na aiki matata ta yi masa maganar takarda. Ta dawo ta ce, "Baba ya ce duk unguwa ta san filinsa, wa zai rubuta wa?"

Ni kuma mai wayon Kano, sai na ce bari in yi masa gata bai sani ba. Wani abokina ya haɗa ni da akawun da ke rubuta takardun fili. Na kai masa turmin shadda mai ruwan toka, wadda ta fi kowacce a rumfata. Ya shafa ta, ya ce, "Alhaji, sati ɗaya ma ya yi yawa." Ban je Makka ba lokacin, amma ban gyara masa ba. Takarda ta fito da sunan surukina, na ɓoye ta a ƙasan akwati ina jin kaina gwarzo.

Ashe akawun ya rubuta wa wani ɗan kwangila takardar filin nan ɗaya. Ranar da mutumin ya sauke bulo a tsakiyar gero, rigima ta tashi. Dattawan unguwa suka fito suka tsaya wa surukina, kuma kowa ya ga alamar za su yi nasara. Nan ne na ɗauko takardata na kai, don in ƙarasa aikin alheri.

Takarda biyu, hannu ɗaya, fili ɗaya. Aka kama akawu, aka gurfanar da shi kan cin hanci, aka kira ni shaida. Ya shigo kotu sanye da babbar riga ta shaddar nan tawa, ɗinkin ma ya yi kyau. Aka tambaye ni me na ba shi. Na nuna jikinsa. Mutane suka yi dariya, ban da surukina da ke zaune a benci na gaba.

An ɗaure akawun, ni aka ci ni tara. Takardun biyu aka soke su. Da aka koma kan maganar fili, ɗan kwangilar ya yi tambaya ɗaya: in filin nasu ne, me ya kai su sayensa ta bayan gida? Daga nan shaidar dattawa ta yi rauni. Hukuma ta riƙe filin, ba mu ba, ba shi ba.

Bayan kwana biyu dattijon ya aiko a kira ni. Na durƙusa a bakin zaure. Ya ce, "Ɗago kanka, ɗana." Ranar na fara ganin fuskarsa sosai. Cikin Hausarsa mai nauyin Barbarci ya ce, "Shekara talatin ba wanda ya tambaye ni filin nan na wane ne, sai da ka saya mini shi."

Bai sake tayar da maganar ba har ya rasu. Na daɗe ina cewa akawu ne ya cuce mu. Yanzu da na tsufa na daina faɗin haka. Har yau abin yana mini ciwo, domin mutumin da ya ciyar da gidansa da geron gonarsa, a ƙarshe tiya-tiya yake aunowa a kasuwa, ta gaban rumfata yake wucewa.