Kaset ɗin da Volkmar Ya Rantse Ya Aiko

Duk wanda ya hau jirgin ƙasan cikin gari mai lamba huɗu a garinmu kafin a rushe katangar da ta raba ƙasarmu Gabas da Yamma, to ya san Edeltraut Kabisch, ko da bai san sunanta ba. Ita ce direbar nan mai jan gashi da ke buga ƙararrawa kamar tana faɗa da titi. Traudel muke ce mata. Shekara talatin da ɗaya tana tuƙi, ba ta taɓa makara ba, ba ta kuma taɓa jiran mai makara ba. Kana gudu kana ɗaga hannu za ta rufe ƙofa, ta dube ka ta madubi, ta ja abinta. Kada ku ji haka ku ɗauka muguwa ce, tana da kirki. Ita dai idan ta yanke hukunci a kan abu to an gama, ko fasto ne ya zo da kansa sai ya koma yadda ya zo.

Hukunci mafi tsauri da ta taɓa yankewa kuwa a kan ƙaninta Volkmar ya faɗa.

Volkmar ya gudu ya tsallaka Yamma yana ɗan shekara ashirin da shida, ya bar ta da mahaifiyarsu, wadda suke kira Mutti. Dama can ɗan daɗin baki ne, kullum gobe: gobe zai gyara rufi, gobe zai hauro da gawayi. A ƙarshen 1984 ciwo ya kwantar da Mutti, ba abin da take roƙo sai ta ji muryar autanta. Shi ba halin zuwa, yana taka iyaka za a yi ram da shi. Su kuma ba su da tarho, shekara tara sunansu na kan layin jira. Sai ga wasiƙarsa, wai ya naɗi muryarsa a kaset, ya ɓoye a ƙasan kwalin tsarabar Kirsimeti, yana hanya.

Traudel ta aro rikoda a maƙwabta ta ajiye a gefen gadon. Kwali ya iso da kofi, da sabulu mai ƙamshi, da cakulan, da safa. Babu kaset. Ta zazzage kofin a kan jarida, ta yanka sabulun biyu, ta yage kwalin filla-filla. Maƙwabta suka ce mata ai aikin Kamfani ne. Haka muke kiran 'yan sandan ciki a lokacin, shi ma sai an rage murya. Amma ita tun kafin ta buɗe ta duba igiyar. Ƙullin Volkmar ne, irin na bahago, mai juyawa ta baya, wanda ta sha ranƙwashinsa a kai lokacin da take koya masa ɗaurin takalmi. Ba hannun da ya kwance shi. Kwana tara bayan nan Mutti ta rasu, rikodar na gefenta ba komai a ciki.

Layi biyu Traudel ta rubuta masa, ta kira shi maƙaryaci a na biyun. Ya rantse a wasiƙa, ya sake rantsewa. Da katanga ta faɗi ya zo har ƙofarta da furanni, ta yi masa magana ta bayan sarƙar ƙofa. Haka aka kwashe kusan shekara ashirin da takwas.

To, ƙungiyarmu ta tsofaffin ma'aikatan jirgi tana fita yawon buɗe ido duk Larabar farko ta wata. A bazarar 2012 aka ce wannan karon tsohon ofishin Kamfani za a je, wanda aka mayar gidan tarihi. Zo ku ga zumuɗi wajen 'yan fansho! Ginin nan sau goma sha biyu jirgin Traudel ke wuce shi a rana, kuma duk sanda aka zo daidai wurin sai fasinjoji su haɗiye hirarsu, kowa ya duƙufa kallon takalminsa. Yanzu wai za a shiga da tikiti, har da mai zagayawa da mutane. Traudel ta je aka gyara mata gashi, ta sa rigarta ta zuwa biki. Tun a tasha take gaya wa kowa yau za ta shiga ta ƙofar gaba, kuma da ƙafarta za ta fito.

Lothar Bemmann, tsohon mai duba tikiti kuma abokin tsokanarta, ya ce shi gabansa faɗuwa yake, don ya tabbata fayil ɗin da Kamfani ya tara a kansa ya kai kaurin bulo uku.

"Kai ɗin?" in ji Traudel. "Wa zai ɓata takarda a kanka? Abin da ka ci jiya ma duk jirgin ya sani."

Mai zagayawa da su wata Frau Hempel ce, tsohuwar malamar makaranta mai sanyin murya, ba ta san irin ɗaliban da ta kwaso ba. Tun a baranda suka fara: ai warin ledar ƙasan nan bai canja ba, ai labulen nan irin na ofishin albashi ne. Da aka kai su ɗakin kayan ɓad-da-kama kuwa sai wuri ya kaure. Ga gashin ƙarya, ga gemun ƙarya, ga tumbin ƙarya mai kyamara a daidai cibiya. Traudel ta ja tunga a gaban wata kwat mai ruwan toka ta ce wallahi ta san rigar nan, mai ita yakan hau jirginta tun daga tashar farko har ta ƙarshe riƙe da jarida, bai taɓa juya shafi ba. Aka yi ta dariya har da share hawaye. Dariyar mutanen da suka daɗe suna jin tsoro ce, shi ya sa ta ƙi ƙarewa.

Daga nan sai ɗakin saƙonni. Frau Hempel ta nuna musu injin da ke buɗe ambulan da tururi, sannan ta ɗauko wani kwali ɗaure da igiya ta ɗora a tebur. Ta ce su kula da kyau. Ta matse kusurwa ɗaya, ta zame igiyar a hankali ta fito ɗungurungum, ta buɗe kwalin, ta rufe, ta mayar da igiyar yadda take. Ƙullin ko motsi bai yi ba.

Traudel ta ce a sake. Aka sake. Ta miƙa wa Lothar jakarta ta ce a ba ta ta gwada, kuma igiyar ta zame mata a gwaji na biyu, cikin sauƙi kamar cire safa. Ta tsaya riƙe da ita. Wannan ɗan abin, wanda ko jikarta za ta iya, a kansa ta kafa hujjarta duk shekarun nan.

Ba ta gama dawowa hayyacinta ba Frau Hempel ta juya ga bangon da ke bayansu. Akwatin gilashi ne tun daga ƙasa har sama, cike da kaset jere-jere. Ta ce daga kwalayen mutane aka kwashe su, kuma da yake kaset na wahalar samu a lokacin, sai Kamfani ya riƙa naɗar hirar mutane ta tarho a kansu.

Nan fa direba ta tashi. Traudel ta tafa hannu ta ce kowa ya sa tabaransa. Ta raba mutum goma sha bakwai, 'yan dogaye layin sama, masu ciwon baya tsakiya, waɗanda gwiwarsu ke lanƙwasuwa su yi ƙasa. Ta ce a nemo mata rubutun bahago, mai kwanciya ta hagu. Duk sun san labarin Volkmar, ba wanda ya tambayi dalili. Frau Hempel ta yi ta ƙoƙarin cewa dubbai sun ɓace, waɗannan ragowa ne kawai, kada a sa rai, ga kuma wata tawagar tana jira a baranda. Wa ya saurare ta? Tsofaffi sun manne hanci da gilashi, wannan na karanto sunan mawaƙi, waccan na cewa a matsa mata haske. Sau biyu ana kiran Traudel da gudu, sau biyu tana girgiza kai.

Lothar ne ya gano shi. Mutumin da ya shekara talatin yana tsintar tikitin jabu a cikin cunkoso, yana durƙushe da gwiwa ɗaya, ya ƙwanƙwasa gilashin da farce a layi na biyu daga ƙasa. Bai yi tsokana ba wannan karon, sai ya ce, "Traudel, zo ki duba wannan."

Ta durƙusa. An ja jan layi a kan rubutun, an sa wata lamba a sama, amma ana iya karantawa sarai: Ga Mutti. A ƙure murya, kunnenta na dama ne mai ji.

"Ya aiko," in ji ta. Ta kama hannun Lothar ta girgiza kamar za ta cire shi. "Ɗan banzan nan ya aiko."

Murna ce ta fara zuwa mata, mai ƙarfi, har tana dariya tana nuna wa kowa. Ta ce a buɗe, a kawo rikoda yanzu-yanzu. Frau Hempel ta sunkuyo kusa da ita ta ce ba ta da ikon buɗewa, kuma ko an buɗe, jan layin nan da lambar na nufin an riga an naɗi wani abu a kai. Hirar wasu baƙi za ta ji, muryar ƙaninta ba ta ciki. Sai a lokacin kunya ta rufe Traudel. Ta tuna furannin da ya zo da su, ta tuna yadda ya tsaya a matakala yana cewa ta yarda da shi ko sau ɗaya.

Da ƙyar aka ɗaga ta. Ta karɓi jakarta ta lalubo wayar da 'yarta ta saya mata. Matar Volkmar na aiko da katin Kirsimeti duk shekara, da lambar gidansu a ƙasa. Traudel ba ta taɓa amsa ko ɗaya ba, amma ashe ta haddace lambar tsaf.

Shi ya ɗauka. Muryar tsoho ce, da ƙyar ta gane ta.

"Volkmar, Traudel ce. Ga ni tsaye a gaban kaset ɗinka." Ita kuwa da ba ta iya ba da haƙuri ba, sai ta hau shi da faɗa. "Wane irin wawa ne zai ɓoye abu, sannan ya rubuta a wasiƙa inda ya ɓoye shi?"

Ya yi wata 'yar dariya da ta karye a tsakiya. Ta gaya masa sun goge muryar. Sannan ta ce, a hankali yanzu, ita ce ta yi kuskure, ba shi ba. Ta tambaye shi ko yana tune da abin da ya faɗa a ciki. Ya ce yaya zai manta, sau shida ya naɗa yana gogewa, saboda kuka na hana shi kaiwa ƙarshe.

"To faɗe shi yanzu," in ji ta.

Lothar ya buɗe hannuwa ya kora jama'a waje, har da Frau Hempel, yana cewa sauraron wayar mutane da aka yi a ginin nan ya isa haka. Ya ja ƙofar. Traudel ta zauna a kujerar mai gadi, ta danna wayar a kunnenta da hannu biyu. A can Volkmar ya gyara murya.

"Mutti, ni ne, Volkmar. Kin ci abinci kuwa?"

"Ta ci," in ji Traudel, hawaye na sauka kan rigar bikinta. "Cokali biyu ta ci ranar. Ci gaba."