Layin Da Na Yanka Da Fasfon Malam Habu

Ni ɗan gidan malamai ne daga Gusau, aka tura ni Alƙahira karatun Fiƙihu. Ko allurar wani ban taɓa ɗauka ba. A unguwar Ainu Shams nake zaune, ɗaki ɗaya da Malam Habu, mutumin Damagaram da ke shekarar ƙarshe, wanda in ya buɗe littafi sai kiran salla ke tashinsa. Kaɗaici ya ishe ni.

Sai na fara kallon tsoffin fina-finan Tamil na kudancin Indiya, marasa launi, a wani shafi da ake biya, da fassarar Larabci a ƙasa. Wata rana na kwafo ɗaya na ɗora masa muryata da Hausa. Ni ne jarumin, ni ne uwarsa, ni ne mugun. Na sa a intanet, yabo ya yi ta shigowa daga Kano har Agadez. Ban san haka nake da ƙishin a kula ni ba.

Takardar zamana ta ƙare, ba mai sayar mini da layin waya. Na ce, “Malam, ara mini fasfonka in yanki layi, na karatu ne.” Ya ce, “Tamam,” ya miƙo mini ko kai bai ɗago ba. Da layin nan na ci gaba da ɗora fina-finan.

Da ya gane abin da nake yi, ya tambaye ni ko fina-finan ba su da masu su. Na ce, “Waɗanda suka yi su sun mutu tuni, hakkin wa zan ci?” Ya ce, “Mamaci ai yana da magada.” Ni da nake karanta rabon gado, dariya na yi masa.

Ashe wani kamfani ne ya saye su ya gyara. Sau biyu suna aiko mini gargaɗi ina gogewa, sai suka kai ƙara. Da hantsi ’yan sanda suka zo, ina wurin mai burodi. Ina kallo aka fito da Malam Habu, tunda sunansa ne a kan layin. Na juya baya.

Kwana shida na yi a ɗakin ni kaɗai, bakina a rufe. A cikin kwanakin nan aka yi jarrabawarsa ta ƙarshe, kuma na sani. A na bakwai tsoron Allah ya fi ƙarfin tsoron mutum, na je na miƙa kaina. Aka sake shi, alƙali ya ɗaure ni.

A kurkuku ba mai jin Hausa. Sau ɗaya aka ziyarce ni, Malam Habu ne, da burodi da wake a leda. An yanke masa tallafin karatu, zai koma gida ba takarda. Na ce, “Malam, ka yafe mini.” Ya ce, “Kamun da aka yi mini na yafe. Kwana shidan nan ne har yanzu nake roƙon Allah Ya ba ni iko.”

Da na gama wa’adina aka sa ni a jirgi zuwa gida. Na tuba, kuma ina jin kunya har gobe. Ƙannena, duk tsufan abu yana da mai shi, kada ku kwafa ku raba. Kada kuma ku aikata komai da sunan wanda ya yarda da ku. Kowace Salla nakan aika wa Malam Habu gaisuwa. Wayata takan nuna ya karanta.